Tsamiyar Hoshin Bature

In ka bi hanyar dutsen Uhudu a Madina da hantsi, ka wuce masu dabino da masu carbi da 'yan rumfunan da ke tarbar maziyarta, za ka ga wani ɗan shago mai koriyar ƙofa, warin fenti na fitowa daga cikinsa. Shagon Ubaidullah Bature ke nan. Tsofaffi Ubaidu suke ce masa, maƙwabtansa Larabawa kuwa Abu Sundus. Dogo ne siriri, ya ɗan haura saba'in, kuma ba a taɓa ganin farar rigarsa babu ɗigon fenti a hannu ba. Matarsa, Allah ya ji ƙanta, ta yi shekara arba'in tana faɗa a kan wannan ɗigon, har ta koma ga Mahaliccinta ba ta ci nasara ba.

Tun yana saurayi aikinsa rubuta allunan shaguna ne, da buroshi, da hannu. Akwai zamanin da in ka ratsa kasuwa, rabin sunayen da ke saman ƙofofi hannunsa ne. Sai na'ura ta zo. A danna kwamfuta, ta tofo maka sunanka cikin minti goma da launi bakwai. Ubaidu bai yi faɗa da kowa ba. Ya dai ce rubutun na'ura ba ya numfashi, ya koma yana rubuta wa maziyarta sunayen 'ya'yansu a 'yan katakai, yana zana musu dutsen Uhudu su tafi da shi tsaraba. Mutum ne marar hayaniya, amma fa taurin kai, kai, sai wanda ya zauna da shi.

A Madina aka haife shi, a Madina aka haifi mahaifinsa. Kakarsa Inna Zinariya ce ta tako da ƙafarta daga wani ƙauye a ƙasar Damagaram, ita da mijinta Bature. Shekara tara suna hanya. Su yi noma a Chadi, su tsinci auduga a Sudan, in guzuri ya taru su ƙara gaba. Da suka sauke farali ba su koma ba. Suka zauna kusa da Masallaci a cikin hoshi, wato gidaje a zagaye masu tsakar gida ɗaya da ƙofa ɗaya da ake rufewa. Nasu gida goma sha huɗu ne, duk na baƙin dutse, duk Hausawa, daga na Kano sai na Damagaram sai waɗanda Hausarsu ta kwaso Larabcin Sudan a hanya. Da yake Bature ne ke riƙe da mabuɗin ƙofar, sai aka bi wurin da sunansa.

Ubaidu yana da shekara talatin da 'yan kai aka faɗaɗa Masallacin Annabi, tsira da aminci su tabbata a gare shi, aikin ya biyo ta kan hoshin. Ba wanda ya yi ƙorafi. Wa zai buɗe baki don ɗakin da aka haife shi ya zama wurin sujada? Aka watse, wasu Al-Sih, wasu Uhudu, wasu har Yanbu bakin teku. Mata suna ta naɗe kwanukan jerensu a cikin zannuwa, maza suna ta ciccibar gadaje, sai dai abin haushi, cikin gida goma sha huɗu ba a samu mutum ɗaya da ya yi tunanin kiran mai hoto ba. Ko hoto ɗaya! Sai bayan shekaru aka fara tambayar juna, kowa ya ce ai ya ɗauka wane ya ɗauka.

Abin da ya tayar da maganar, 'yarsa Sundus ce. Malamar makaranta ce, tana jin Hausa sarai, amma in ka yi mata sai ta mayar maka da Larabci, kamar sauran 'ya'yan zamani. Wata rana bayan sallar la'asar suna fitowa daga Masallaci ta ce, "Baba, nuna mini daidai inda ƙofarku take."

Ubaidu ya ce ai wannan mai sauƙi ne. Ya taka farin dutsen harabar ya yi gabas, ya tsaya, ya dawo, ya dubi hasumiya, ya dubi dogayen otal-otal, ya sake juyawa. Mutanen duniya suna ta wuce shi da takalmansu a hannu. Wurin da ya yi shekara talatin yana shiga da fita, ya kasa cewa ga shi. Sundus ta ce ba komai, su tafi. Shi kuwa ranar ko shayi bai sha ba, abin ya yi masa ciwo ƙwarai.

Washegari ya sayo faffaɗan katako, ya jingina shi a bangon shago, ya fara. Wata bakwai yana abu ɗaya. In mai saye ya leƙo sai ya sallame shi a gurguje ya koma. Ya zana babbar ƙofar da ƙusoshinta na ƙarfe. Ya zana tagogin katako masu ƙananan huji da mata ke leƙe ta ciki, har da wadda katakonta ɗaya ya karye aka toshe da tsumma. Ga randar da ke bakin ƙofa da moɗarta ɗaure da igiya. Ga tukubar tsire a kusurwa. Ga kaskon da ake suyar gyaɗa da yashi, ga igiyar shanya, ga matakalar da ta lotsa a tsakiya saboda taku. A can gefen ƙofar gidansu kuwa ya dasa wata tsamiya, ƙatuwa, rassanta sun wuce soro, inuwarta ta rufe rabin tsakar gidan. Ita ya fi daɗewa a kanta, don ganye-ganye ya bi ta.

Duk ranar Alhamis bayan la'asar, 'yan tsofaffin da suka rage daga hoshin sukan taru a ƙofar shagonsa, a sha shayi da na'ana'a, a yi gulmar gwiwa da hawan jini. Da su goma sha ɗaya ne, yanzu sun koma biyar. Babban bakinsu Sa'id ne, ɗan mai tukubar tsiren nan, wanda ya gaji sana'ar ya yi shekara hamsin a bakin wuta. Ya girmi Ubaidu da shekara shida, kuma bai taɓa barin ya manta ba.

Ranar da Ubaidu ya yaye zanin da ya rufe katakon, duk suka zuba masa ido. Wani ya cire tabarau ya goge ido. Wani ya ce, "Wallahi ga tagarmu." Sa'id ya matso da sandarsa, ya dubi tukubar mahaifinsa. Ya daɗe a nan. Sa'an nan idonsa ya gangara gefe, ya ɗaga sandar ya nuna.

"Ubaidu, wannan fa?"

"Tsamiya ce."

"Na ga tsamiya ce, ai ba makaho ba ne ni. Tsamiyar wa?"

"Ta hoshinmu mana. Ta ƙofar gidanmu."

Sa'id ya juya ya dubi sauran. "Ku ji mini mutum! Ya shehu, ji tsoron Allah. A hoshin nan ko ciyawa ba ta taɓa fitowa ba. Da akwai itace irin wannan, da mahaifina zai yi shekara da shekaru yana gasuwa a rana tare da namansa?"

Sauran suka gyaɗa kai. Gaskiya, babu itace. Ɗaya ya ce akwai dai dabino guda a wajen ƙofa, shi ma na Balarabe ne.

Ubaidu ya ji kamar an zare masa tabarma yana zaune. Ya ce shi fa ya kwanta a ƙarƙashinta. Ya ga sama ta tsakanin 'yan ƙananan ganyenta. Yana tuna yadda ganyen ke rufewa in rana ta yi sanyi, bibbiyu, kamar an haɗa tafin hannu. Wannan ma ƙirƙira ya yi?

"Labarin kakarka ka zana," in ji Sa'id. "Wa bai ji Inna Zinariya da tsamiyar ƙofar gidan ubanta ba? Ta faɗa maka, ta faɗa maka, har ta tsiro a kanka." Ya sassauta murya, don ya ga fuskar abokinsa ta canza. "Ba don in ɓata maka rai ba. Amma duba, mu biyar muka rage. In mun tafi, wannan katakon shi ne hoshin, babu wani. In ka ƙara itacen da babu, wa ya san me kuma ka ƙara? Gobe wani ya ce tukubar ma ƙarya ce."

To, wannan magana ita ta kama Ubaidu, don gaskiya ce. Ba tsamiyar kaɗai ba. In har abin da ya fi tunawa a duk hoshin bai taɓa wanzuwa ba, to me ya rage masa? Ƙofar ta ɓace masa a harabar Masallaci, yanzu kuma ana gaya masa wadda ke cikin kansa ma ba a yarda da ita ba.

Ya ce, "Zan kai wa Yaya Fatna. In ta ce babu, kafin wata Alhamis na shafe ta da hannuna."

Fatna yayarsa ce, ta girme shi da shekara tara, tana Yanbu a gidan ɗanta Musaddiq mai aiki a matatar mai. Tsofaffin suka dubi juna. Sa'id ya ce a hankali, "Ubaidu, Fatna fa ko ɗan cikinta ba ta ganewa yanzu."

"Duk da haka," in ji Ubaidu. Na ce muku taurin kai.

Ranar Asabar da safe Sundus ta kwantar da kujerun bayan motarta, aka zura katakon a naɗe da bargo. Ubaidu ya shigo da 'yar jaka. Ciki akwai buroshi biyu da gwangwanin fenti mai launin baƙin dutse, wanda ya haɗa da kansa. Ya yi niyya in shaidar ta faɗi a kansa, a can zai shafe, kada ya dawo gida zuciya ta karya masa alkawari. Sundus ta hango gwangwanin. Ta ce da Larabci ai zane zane ne, mai zane yana da ikon sa abin da ya ga dama, ita ma tsamiyar ta fi so a ciki duka.

"Ba ado na yi ba," in ji shi. "Gida na yi. Ki kula da hanya."

Sun isa kafin azahar. Musaddiq ya tare su, ya kai su ɗakin mahaifiyarsa. Fatna na zaune a kan katifa, ta rame, an yi mata lalle a tafin hannu, carbi na kan cinyarta. Wannan ita ce macen da a da in ta daka tsawa a hoshi har mazan ke shiga taitayinsu. Ta ɗago ta dubi ƙanenta da fara'a irin ta karɓar baƙo.

"Sannu da zuwa, Alhaji. Daga ina?"

"Yaya, ni ne. Ubaidu."

"Ubaidu yana gida," in ji ta. "Ai ƙarami ne, ba ya tafiya shi kaɗai."

Allah Sarki. Ubaidu ya durƙusa ya gaishe ta kamar baƙon da ta ɗauke shi. Sundus da Musaddiq suka shigo da katakon, suka jingina shi a bango daidai gabanta, suka yaye bargon.

Fatna ta ƙura wa katakon ido. Sai ta miƙa hannu a taimaka mata ta matsa. Ta ɗora yatsa a kan babbar ƙofa, ta shiga, ta bi hannun dama kamar yadda kowa ke bi. "Gidan su Sharifa," in ji ta. Ta matsa. "Gidan Mai Tsire. Sa'id ya sato nama ya ba mu, an zane shi." Ta yi 'yar dariya. Ta bi gidajen nan ɗaya bayan ɗaya, goma sha huɗu cif, ba ta yi tuntuɓe ko sau ɗaya ba. Musaddiq ya juya baya yana share fuska, don rabon da ya ji ta jera magana haka an fi shekara.

Yatsan ya iso gindin tsamiya ya tsaya.

"Yaya," in ji Ubaidu, "akwai tsamiya a hoshinmu?"

Ta yamutsa fuska, ta sunkuya tana duban gindin. "Ina gwangwanin?"

"Wane gwangwani?"

"Na man shanu mana. Ai a ciki take." Ta dube shi kamar mai mamakin baƙon da bai san abin da kowa ya sani ba. Sai ta shiga ba shi labari. Duk shekara, in alhazan Damagaram sun zo, sukan kawo wa Inna tsamiya tsaraba. In ta dama kunu, sai ta zaɓi 'ya'yan da suka fi ƙoshi, ta shuka a gwangwanin man shanu, ta ajiye a bayan ƙofar gida, cikin ɗan lungun da maza ba sa shiga. Ruwan alwalarta take ba ta. Ta tsiro, ta kai gwiwa, zafin Madina ya zo ya ƙone ta. Wata shekara Inna ta sake. An yi mata dariya har an gaji.

"Guda ɗaya ce ta yi shekara uku," in ji Fatna, ta ɗaga hannu daidai ƙugu. "Ta kai nan. Ubaidu kuwa, ɗan mitsitsi da shi, shekararsa huɗu, sai ya kwanta rigingine ya cusa kansa ƙarƙashinta, wai shi yana shan inuwa. Inna ta yi ta dariya har da hawaye. Ta ce duk duniya shi kaɗai ya taɓa shan inuwar tsamiyarta." Ta sauke hannun. "Shekarar da Inna ta rasu ta bushe. Gwangwanin ma toka aka koma zubawa a ciki."

To ka ji. Ashe Sa'id bai yi ƙarya ba, Ubaidu ma bai yi ba. Ɗan shekara huɗu ne ya kwanta a ƙasa ya dubi sama, abin da bai wuce ƙugu ba ya rufe masa duniya, ya riƙe shi haka shekara sittin da wani abu. Ubaidu ya rasa dariya zai yi ko kuka. Amma alkawari alkawari ne. Itacen da ya wuce soro dai babu shi a hoshin, kuma ba a tsakar gida yake ba. Ya jawo jakarsa, ya ɓalle murfin fentin, ya tsoma buroshi.

Fatna ba shi take kallo ba. Ta ɗaga kai tana bin rassan da ido, daga gindi har inda suka haye soro. Ta ɗora tafin hannunta mai lalle a kan ganyen, a hankali.

"Ashe ta girma," ta ce. "Dubi, har ta wuce soro. Kai, Inna ba ta gani ba."

Buroshin ya tsaya a sama. Fenti ya ɗigo a hannun rigarsa bai kula ba. Tsohuwar da ta tako shekara tara, ta yi sauran rayuwarta tana shuka ƙofar gidan ubanta a gwangwani, rana tana ƙonewa. Wuri ɗaya tak abin ya kama, a kan katakon nan, kuma shi ne yanzu zai sa hannu ya shafe. Ina! Ran Alhamis Sa'id ya yi surutunsa ya gaji, za a dai gaya masa gaskiyar yadda abin yake, shi da duk wanda ya tambaya.

Ya sunkuya. Da fentin da ya kawo don shafewa, ya zana gwangwani a gindin tsamiyar, ɗan ƙarami, bakinsa a lanƙwashe, ƙaton itacen yana fitowa daga cikinsa. Bai ɗauke shi minti biyar ba. Fatna na biye da hannunsa har ya gama, ta gyaɗa kai alamar yanzu ya yi daidai.

Sai ta taɓa gwiwarsa. "Alhaji, wa yake ba ta ruwa?"

Ubaidu ya ajiye buroshin, ya dube ta.

"Ubaidu ne, Yaya."

"Allah ya yi masa albarka," in ji Fatna. "In ka koma, ka ce masa kada ya fasa."